Ɗakin Gwaji ko Kujerar Shugabanci? Hanyoyi Huɗu a Gaban Malamar Kimiyya a Katsina

Wannan rubutu na malamar da ta gama digiri na uku ne a wani fanni na kimiyya, ko kemistiri, ko ilimin tsirrai, ko fiziks, ko ƙananan halittu, tana koyarwa a Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa, ko Al-Qalam, ko ta tarayya da ke Dutsin-Ma. Ta kai lakcara ta ɗaya ko babbar lakcara, sai hanya ta rabu mata. Shugaban tsangaya ya kira ta ya ce, "Dakta, so muke ki riƙe mana sashe." Ga takardar neman tallafin bincike da ba ta ƙarasa ba, ga wata ƙawa a Jamus ta turo sanarwar gurbi, ga kuma ɗan'uwa yana cewa a Daura ana neman masu digiri na uku ruwa a jallo. Duk alheri ne, amma taura biyu ba ta taunuwa, balle huɗu.

Malama, kafin mu auna komai, akwai abu ɗaya da ke juya sauran lissafin. A Nijeriya ba a hawa kujerar shugaban jami'a sai ta ƙofar farfesa, kuma ba a zama farfesa da yawan kwamitocin da mutum ya zauna. Binciken da kika wallafa ake tattarawa a aika wa masu tantancewa na wasu jami'o'i, galibi mutum uku, waɗanda ba su san ki ba, ba su kuma san kin raba dare a ofis kina haɗa sakamakon ɗalibai ba. Tsakanin mataki da mataki akwai jiran shekara uku. In an tallata kujerar shugaba, akan nemi wanda ya jima yana farfesa, sau da yawa shekara goma, kuma kada ya haura 65 ranar kama aiki. Ɗauki biro: babbar lakcara a shekara 40, mataimakiyar farfesa a 43, farfesa a 46, cancantar neman kujera a 56. Wannan fa in komai ya tafi daidai ke nan. Duk shekarar da ta wuce ba ki rubuta komai ba, a can ƙarshen za a cire miki ita.

Da abubuwa huɗu zan auna kowace hanya. Tsada, wato abin da za ta ci na aljihu da na lokaci, kuma a wurin mace mai aji da gida lokacin ya fi kuɗin wuyar samu. Ɗorewa, wato abin da zai rage a hannunki bayan shekara goma ko da an canza gwamnati. Sauƙi, wanda ya haɗa da yara, maigida, iyaye da nisan hanya. Sai haɗari, musamman irin wanda ba laifinki ba ne kuma ba ki da ikon tare shi.

Ta farko: ki zauna a ɗakin gwaji har ki zama farfesa

Tsadarta ta kuɗi ce, kuma ba ta ɓuya. Sinadarai da dala ake yi musu farashi ko da a Kano kika saya. Kafin watan Yunin 2023 dala tana wajen naira 460 a farashin gwamnati, a farkon 2024 ta haura 1,500, albashi kuwa bai bi ta da wannan gudun ba. Mujallun ƙetare da dama suna karɓar kuɗin wallafa da ke kaiwa dala dubu ɗaya zuwa uku. Na'urar da babu a nan sai ki ɗauki samfur ki kai Zariya ko Kano, ki biya kuɗin awo, ki jira layi. Kuma duk wadda ta taɓa ajiye samfurin jini ko ƙwayoyin halitta a firiza ta san yadda cikinta ke ɗurar ruwa in aka ɗauke wuta daren Juma'a: tana gida tana kiran mai kula da janareto, shi kuma yana cewa ba a ba shi mai ba. Aikin wata shida yana iya narkewa kafin safiyar Litinin.

Akwai inda ake samun tallafi. Asusun TETFund mai tallafa wa manyan makarantu, wanda dokar 2011 ta kafa, yana da ƙaramin tallafin da ake nema ta cikin jami'a, wanda a shekarun baya ba ya wuce naira miliyan 2, da babban asusun bincike na ƙasa da kan kai miliyan 50 ga tawagar da ta yi nasara. Sai dai na makarantun gwamnati ne. Malamar da ke jami'a mai zaman kanta sai ta haɗa kai da tawagar wata jami'ar.

A ɗorewa babu wadda ta kamo wannan hanya. Muƙami haya ne, ranar tashi tana rubuce tun ranar shiga. Farfesa gidanki ne na kanki, kuma dokar 2012 ta kai shekarun ritayar farfesa 70, sauran malamai 65. Dubi Farfesa Deborah Ajakaiye, wadda ta yi digirinta na uku a Jami'ar Ahmadu Bello a 1970, ta zama farfesar fiziks a 1980, mace ta farko da ta kai wannan matsayi a fannin a Afirka. Da binciken da ta yi a kan abin da ke ƙarƙashin ƙasar Nijeriya ake tunawa da ita. Farfesa Francisca Okeke ta Jami'ar Nsukka ta karɓi kyautar L'Oréal da UNESCO a 2013 saboda nazarin sararin samaniya. Kusa da mu kuma akwai Farfesa Rabi'a Salihu Sa'id ta Bayero, wadda ta koma karatun jami'a bayan aure da 'ya'ya, ta samu kyautar Gidauniyar Elsevier a 2015, BBC ta kuma sa ta cikin mata ɗari na waccan shekara.

Ta fuskar sauƙi, ita ce ta fi tafiya da gida, don ke ke tsara yawancin lokacinki. Kuma Katsina ba ta rasa abin bincike ba. Wuta-wuta na cin gero da dawa, hamada na matsowa ta Jibiya da Mai'aduwa da Zango, ruwan madatsun Zobe da Ajiwa da Sabke na bukatar awo, ga bedi da sabara da zogale da tsofaffinmu ke magani da su ba tare da an gama sanin abin da ke cikinsu ba. Bature zai biya kuɗin jirgi ya zo neman abin da ke bayan gidanku.

Haɗarinta biyu ne. Na farko yajin aiki: a 2020 an yi wata tara, a 2022 an yi wata takwas, daga Fabrairu zuwa Oktoba, ɗaliban da ke taya ki aiki suka watse. Na biyu mujallun bogi, masu karɓar kuɗi su buga komai cikin sati guda. Suna cika takardar neman ƙarin girma da sauri, amma mai tantancewa na ƙwarai yana gane su, kuma sunan da ya ɓaci a nan yana da wuyar wankewa.

Ta biyu: ki hau tsanin shugabanci tun yanzu

Tsanin sananne ne: jami'ar jarrabawa, shugabar sashe, shugabar tsangaya, darakta, mataimakiyar shugaban jami'a, sannan babbar kujera. Ba ya cin kuɗin aljihu sosai, har ma akwai ɗan alawus, ko da yake na shugaban sashe bai taka kara ya karya ba. Abin da yake ci shi ne lokaci, kuma ba ya taunawa.

Leƙa ofishin shugabar sashe a makon da za a kai sakamako gaban majalisar malamai. Takardun maki sun taru a tebur, malami ɗaya bai kawo nasa ba kuma wayarsa a kashe, ɗaliba na tsaye bakin ƙofa tana kuka an rasa makinta na aji biyu, wani dattijo ya zo da gaisuwa daga wani babba a kan yaronsa, ga saƙo daga tsangaya cewa tawagar hukumar kula da jami'o'i ta ƙasa, NUC, na zuwa tantance kwasa-kwasai, a gyara ɗakin gwaji a nemo littattafai. Azahar ta wuce, la'asar ta wuce. Takardar binciken da kika buɗe a kwamfuta tun safe tana nan a sakin layi na farko. Wa'adin shekara biyu ne, amma in kin iya aiki za a ce ki ƙara, don wanda ya iya shi ake ɗora wa kaya.

Akwai kuma wani tarko da ya fi kama mata. Sau da yawa muƙaman da ake miƙo wa malama su ne kula da ɗakin kwanan ɗalibai mata, kwamitin walwala, kwamitin shirya abincin bikin yaye ɗalibai. Aiki ne na lada, ban raina shi ba, amma ba ya koya miki kasafin kuɗi, ba ya kai ki inda ake yanke shawara, kuma makinsa a ƙarin girma kaɗan ne. In za ki ba da lokacinki, ki ba da shi inda za ki koyi yadda jami'a ke tafiya: tsare-tsaren karatu, makarantar manyan digirori, kwamitin bincike, kwamitin ɗauka da ƙarin girma.

Matan da suka kai ƙarshen wannan tsani, in kin duba tarihinsu, ba da gaggawa suka hau ba. Farfesa Grace Alele-Williams, masaniyar lissafi, ta samu digiri na uku a Jami'ar Chicago a 1963, sai a 1985 ta zama shugabar Jami'ar Benin, mace ta farko da ta shugabanci jami'a a ƙasar nan. Shekara 22 ke nan a tsakani, kuma da ta hau ta tarar da matsalar ƙungiyoyin asiri na ɗalibai tana jiran ta. Farfesa Folasade Ogunsola, likitar ƙananan ƙwayoyin cuta, ta riƙe kwalejin likitanci ta Jami'ar Legas, ta yi mataimakiyar shugaba, ta yi riƙon ƙwarya a 2020 lokacin rikici, sannan ta zama shugaba a Nuwamban 2022. Farfesa Nnenna Oti, masaniyar ƙasar noma, daga mataimakiyar shugaba ta hau kujerar jami'ar fasaha ta Owerri a 2021. A Arewa muna da Farfesa Gambo Laraba Abdullahi, 'yar Azare, masaniyar kemistiri da ta shugabanci Jami'ar Abuja, da Farfesa Fatima Batul Mukhtar, masaniyar tsirrai daga Kano, wadda ta riƙe Jami'ar Tarayya ta Dutse daga 2016 zuwa 2021. Kowaccensu sai da ta kafu a fanninta kafin ta koma ofis.

Ɗorewar muƙami gajeriya ce. Shugaban jami'ar tarayya wa'adi ɗaya yake yi na shekara biyar, mataimaki shekara biyu da damar ƙari sau ɗaya. Abin da kika gina na iya ɗorewa, wannan gaskiya ne, kuma shi ne babban dalilin da zai sa mace ta nemi kujerar. Shugaba ɗaya mai sanin darajar ɗakin gwaji zai iya sa masa sola da na'urorin da malamai hamsin za su amfana da su, abin da mai bincike ita kaɗai ba za ta taɓa yi ba. Amma ke kanki, ranar da kika sauka, sashenki za ki koma, kuma in kin shekara goma ba ki karanta sabon abu a fanninki ba, ɗalibanki na jiya sun wuce ki.

Sauƙi dai babu. Taro kan kai bayan isha'i, tafiya Abuja ba ta ƙarewa, kuma a garinmu ba a rasa mai cewa me mace take yi cikin maza har wannan lokaci. Wadda maigidanta bai tsaya mata da zuciya ɗaya ba, ko ba ta da wanda zai riƙe mata yara, za ta sha wuya biyu. Wannan magana ce da ake yi a gida tun kafin a karɓi takarda, ba bayan an karɓa ba.

A haɗari kuwa ita ce kan gaba. Majalisar gudanarwa ke zaɓen shugaba, amma a samanta akwai shugaban ƙasa a jami'ar tarayya, da gwamna a ta jiha. A 2020 majalisar Jami'ar Legas ta tsige shugabanta, daga baya gwamnati ta mayar da shi. Farfesa Aisha Sani Maikudi, 'yar jihar nan, masaniyar shari'a, an sanar da ita a matsayin shugabar Jami'ar Abuja a ƙarshen Disamban 2024, a farkon Fabrairun 2025 shugaban ƙasa ya rushe majalisar ya kuma sauke ta. A shekarar ne ma'aikatar ilimi ta fito da ƙa'idar cewa mai riƙon ƙwarya ba zai nemi kujerar yana kanta ba. Ƙari a kan siyasa, a yankinmu akwai tsaro. Lokacin da aka sace ɗalibai mata biyar na jami'ar Dutsin-Ma a Oktoban 2023, ba wayar mai bincike iyaye suka nema ba.

Ta uku: ki fita waje shekara ɗaya ko biyu, ki dawo

In da tallafi, kusan kyauta ce. In babu, kada ma ki fara, don albashin naira ba ya biyan hayar ɗaki a Ingila. TETFund ta dakatar da ɗaukar nauyin karatun malamai a ƙetare daga Janairun 2025, saboda tsadar canji da yawan waɗanda suka tafi ba su dawo ba. Saura ƙofofin waje: hukumar musayar ilimi ta DAAD da Gidauniyar Humboldt a Jamus, tallafin ƙasashen Commonwealth, cibiyar masana kimiyya ta duniya TWAS, da shirin Gidauniyar Schlumberger da aka fara a 2004 musamman don matan ƙasashe masu tasowa a fannin kimiyya da injiniya. Masu binciken noma suna da AWARD, shirin tallafa wa matan Afirka da ke Nairobi. Gasa ce mai zafi, kuma ana duba abin da kika riga kika wallafa, ka ga mun sake komawa kan hanya ta farko.

Ribarta tana ɗorewa fiye da yadda ake zato. Ba takardar shaida ba ce ribar, mutanen da kika sani ne. Ɗakin gwajin da kika zauna zai ci gaba da karɓar samfurinki, a sa sunanki a neman tallafi, a karɓi ɗalibarki. Shekara ɗaya da wuta ba ta ɗaukewa tana iya fitar da abin da shekara huɗu ba su fitar ba a nan. Farfesa Rabi'a ma ta yi karatu a Jami'ar Reading da tallafin Gidauniyar Ford, ta dawo Kano ta ci gaba.

Wahalarta a gida take. Wa zai zauna da yara? Maigida zai bar aikinsa ya bi ki? In mahaifiya ta tsufa fa? Shi ya sa gajeren zama na wata uku zuwa shida ya fi yi wa da yawa daga cikinmu daidai. Haɗarinta kuma, in kin tafi da izinin jami'a akwai yarjejeniyar dawowa ki yi aiki, wadda ta karya ta sai ta biya. Wata kuma ta dawo da ƙwarewa a kan na'urar da babu irinta a duk jihar, takaici ya ishe ta. Ki zaɓi abin da za ki iya ci gaba da shi a nan.

Ta huɗu: sabuwar makaranta ko muƙamin gwamnati

Daura ta samu kwalejin kimiyya da fasaha ta tarayya a 2019, ga kuma jami'ar sufuri. Sabuwar makaranta na ɗaga mutum da wuri saboda manya sun yi ƙaranci, sai ki ga babbar lakcara ta zama shugabar tsangaya. Amma ɗakin gwaji bai gama kafuwa ba, ɗaliban manyan digirori ba su da yawa ko babu, kuma tsarin ƙarin girma na kwalejin fasaha daban yake da na jami'a, ba ya kai mutum farfesa. Tsakanin Katsina da Daura wajen kilomita 80 ne, ana iya kwana gida a ƙarshen mako. Muƙamin gwamnati kuwa, kwamishina ko shugabar hukuma, da wanda ya naɗa ki yake tafiya. In za ki karɓa, ki tafi da hutun aro, kada ki ajiye aikinki.

| Hanya | Tsada | Ɗorewa | Sauƙi | Haɗari |
|---|---|---|---|---|
| Ɗakin gwaji | Kuɗi da yawa, lokacinki a hannunki | Har ritaya da bayanta | Ta fi dacewa da gida | Wuta, yajin aiki, mujallun bogi |
| Shugabanci | Kuɗi kaɗan, lokaci duka | Wa'adin shekara 2 zuwa 5 | Mai wuya | Siyasa, tsaro, tsayawar bincike |
| Fita waje | Kyauta da tallafi, ba ta yiwuwa babu shi | Alaƙa mai daɗewa | Rabuwa da iyali | Yarjejeniya, rashin kayan aiki bayan dawowa |
| Sabon wuri ko gwamnati | Ƙaura da zirga-zirga | Ya danganta da wurin | Matsakaici | Muƙami ba bincike, canjin gwamnati |

Wace ta dace da wa

In ba ki kai babbar lakcara ba, ko kin kai amma takardunki ba su isa mataki na gaba ba, ɗakin gwaji ne naki. In sashe ya matsa don babu wani, karɓi wa'adi ɗaya, ki faɗa tun farko cewa ɗaya ne, ki kuma ware rana guda a mako da ba a ganin ki a ofis. Ce wa shugaban tsangaya, "Ranka ya daɗe, a ba ni shekara biyu in ƙarasa abin da ke hannuna," ba rashin ladabi ba ne, shi ma ta nan ya bi.

In yaranki sun yi wayo, ko kina da uwa ko 'yar'uwa da za ta riƙe gida, kuma fanninki na bukatar na'urar da babu a kusa, ki nemi fita yanzu, don yawancin waɗannan tallafi suna da iyakar shekaru bayan kammala digiri na uku. Wadda ke goyo ta nemi gajeren zama.

In kin zama mataimakiyar farfesa ko farfesa, kina da ɗalibai masu digiri na biyu da na uku da za su ci gaba da aikin hannu kina duba su, kuma kin lura cewa gyara tsari yana faranta miki rai fiye da awon samfur, to lokacin tsani ya yi. Fara da tsangaya ko makarantar manyan digirori, ki koyi karanta kasafin kuɗi da dokar da ta kafa jami'arku, ki kuma riƙe aƙalla kwas ɗaya da kike koyarwa.

Hanya ta huɗu ta fi dacewa da wadda ta riga ta zama farfesa, tana son ta kafa sashe ko tsangaya daga tushe, ko wadda iyalinta ke Daura kuma zirga-zirga ta gajiyar da ita. Ita ma ta fara zuwa da hutun shekara guda da jami'a ke bai wa malamanta bayan shekara shida na aiki, ta ga wurin da idonta kafin ta nemi a mayar da ita can gaba ɗaya.